Ƙwai ɗaya makunni biyu ko uku, yadda ake haɗa diriksiyon

Assalamu alaikum 'yan uwa. Wata Hajiya ce ta ja min wannan dogon rubutun, tsohuwa ce mai ciwon gwiwa gidansu na can saman dutse wajen Jarwal, irin gidajen nan na Makka da kafin ka kai ƙofa ma ka gama haki, sannan in ka shiga ga wata matakalar tana jiranka har hawa biyu. Makunnin fitilar daraj ɗin, yani matakalar, yana ƙasa bakin ƙofa shi kaɗai, toh in ta dawo daga Harami bayan isha ta kunna ta hau, sai dai ko ta bar wutar ta kwana a kunne ko ta taso jikanta daga barci ya sauka ya kashe ya hawo a duhu yana lalube bango. Ta ce min ɗan nan, ance akwai wanda zaka kunna a ƙasa in ka hau ka kashe a sama, ko ƙarya ake? Na ce Hajiya gaskiya ne, kuma ba wani abun kuɗi bane, makunni biyu ne da 'yar waya. Ta ce shekara nawa ina wahalar banza kenan.

Tun daga ranar nake lura ashe mutanenmu da yawa basu san abun ba, ko sun sani amma suna ganin kamar wani siddabaru ne. Ga kuma samari da suke bin mu'allimai aikin kahraba, yani lantarki, sun iya haɗa soket sun iya ɗaura fanka amma da an zo kan wannan sai kaga yaro yana ta sauya waya daga rami zuwa rami yana gwadawa kamar mai caca.

Sunan abun tukuna, dan kar kaje mahal, yani shago, ka tsaya kana kwatance da hannu. A gida Najeriya da Nijar ta ɓangaren masu turanci tu-we muke cewa. Nan Saudiyya kace miftah diriksiyon, kowa zai gane. Masarawa kuma ɗaraf sillim suke cewa, yani na bakin matakala, na tsakiyan kuma da zamu zo kansa wasaɗ sillim, mu kuma intamidiyet. Ta fuska ba zaka bambance shi da makunni na yau da kullum ba, dan haka in mai shago ya miƙo maka ka juya bayansa ka ƙirga ramukan waya. Biyu, na kullum ne ka mayar masa. Uku, shine diriksiyon, zakaga an rubuta COM ko C ko L shi kaɗai a ɗaya, sauran biyun L1 da L2. Na tsakiya kuma huɗu gare shi. Ka yi hattara da bidiyon 'yan Amurka a YouTube, su mai rami ukun tiri-we suke ce masa mai huɗun kuma fo-we, wannan ma da sauƙi, babbar matsalar itace a wajensu baƙar waya itace mai wuta fara itace nutural, yani wadda wuta ke komawa ta cikinta, alhali a tsohon tsarin da muka saba baƙa itace nutural ja ce mai wuta. Ka kwafo nasu ido rufe ka kama wayar da bai kamata ba.

Yadda abun yake aiki kuwa, ka ɗauki hanyar Jidda zuwa Makka. Akwai tsohuwar hanya da ta bi ta Bahra, akwai kuma sari', yani babban titin gudu. Kai ka taso daga Jidda dole ka zaɓi ɗaya, ɗan uwanka yana bakin Makka yana jiranka shima dole ya tsaya a bakin ɗaya. In hanyar da ka biyo itace wadda yake tsaye a kai kun haɗu, in ba ita bace kun saɓa. Kuma kowannenku shi kaɗai zai iya gyara lamarin ko ya ɓata shi, in kun saɓa ko kai ka sauya hanya ko shi ya sauya wajen tsayuwa duk haɗuwa ce. Toh shikenan diriksiyon. Makunnin bashi da kunnawa bashi da kashewa, aikinsa kawai ya ɗauki COM ya jingina shi da L1 ko ya jingina shi da L2, wayoyi biyun da suka tashi daga wannan makunni zuwa wancan sune hanyoyin. Wanda ya riƙe wannan a kansa ba sai ya haddace zane ba.

Amma kafin ka taɓa sukundireba akwai maganar da ta fi haɗin muhimmanci a ƙasar nan, kuma anan zan daɗe dan ita ce ta taɓa jefo ni daga kan tsani. Wutar gidajen Saudiyya iri biyu ce. Tsohon tsari bolt 127 da 220, wanda mutane ke ce wa miya wa ashara, yani ɗari da goma, sabon kuma 230 da 400, a shekarar 2010 majalisar ministoci ta yanke a koma sabon a hankali cikin shekara 25, dan haka har yanzu gidaje da yawa musamman tsofaffin unguwanni irin inda mutanenmu suke zama suna kan tsohon. A sabon tsari abun kamar na gida ne, waya ɗaya mai wuta 230 ɗaya nutural, sai dai nan 60 take bugawa a daƙiƙa ba 50 ba irin ta Najeriya da Sudan, wannan bai shafi makunni ba. A tsohon kuwa, 127 ce tsakanin layi da nutural, in ana son 220 sai a ɗauko layi biyu a haɗa, ma'ana wayoyin nan biyu da suka je wa ƙwan DUKANSU masu wuta ne, babu nutural a cikinsu. Makunni kuma ɗaya kawai yake yankewa. Ka kashe makunni, ƙwai ya mutu, ka hau tsani hankali kwance, alhali ɗayar wayar tana nan da 127 ɗinta tana jiranka.

Haka ta faru dani farkon zuwana a wani tsohon gida wajen Shara Mansur. Na je ɗablon, akwatin da ake raba wutar gida, na sauke bireka ɗaya mai yanke wutar layi, fitila ta mutu, na ce halas. Ashe wanda yai wayarin ɗin da, bireka guda-guda ya sa wa kowane layi maimakon mai haɗe da ke sauke biyun tare, na kashe ɗaya ɗayan na can gefe a ɗage. Ina kai hannu naji kamar an maka min taɓarya a gwiwar hannu, ban san sanda na sauko ba, sukundireba ta yi nata waje. Mu'allimina wani dattijo Bamisire ko sannu bai fara ce min ba, tambayarsa ta farko ina mitarka ta auna wuta. Tana cikin jaka wallahi.

Dan haka ga yadda zaka gane gidan da kake. Ka sa mita a kan AC, ka auna tsakanin wayoyi biyun, sannan ka auna kowacce da wayar ƙasa, ta kariya mai kore da rawaya. In ɗaya ta baka wajen 230 ɗayar kusan sifili, sabon tsari ne. In tsakaninsu 220 ne amma kowacce da ƙasa ta baka wajen 127, layi biyu ne. In tsakaninsu ma 127 ne toh layi da nutural ne na tsohon tsari, sai ka duba kwalin ƙwan da zaka saya ko yana ɗaukar wannan wutar. Tsofaffin gidaje da yawa ko wayar ƙasa babu, anan tasta, sukundirebar nan mai ɗan haske a jiki, zata ɗan baka haske, in ta kama a duk wayoyi biyun ka san inda kake. In ka auna ka kasa gane komai dan Allah ka tsaya nan ka kira mai sana'ar, kuɗin da zai karɓa bai kai na asibiti ba.

Kashe wuta ma da ƙa'idarsa. Ka gwada mitar a soket mai wuta ka tabbatar tana aiki, ka sauke bireka, ka auna duk wayoyin da ke cikin akwatin makunnin ɗaya bayan ɗaya ba wadda kake zargi kaɗai ba, sannan ka sake gwada mitar a mai wuta. In kana shakka sauke babban gaba ɗaya ka yi aiki da fitilar waya. Kuma ka manna shaɗarɗon, salatif ɗin naɗe waya, a kan birekan ka faɗa wa duk mutanen gidan da babbar murya, dan zafin Makka ba wasa bane, yaro na ganin mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki, ya tsaya ɗablon zai nufa ya ɗaga duk abun da ya gani a ƙasa kai kuma kana can da waya a hannu. Shi addad, yani mitar kamfani, da abun da ke bayansa na kamfanin wuta ne ba ruwanka da shi, in kuma haya kake ka nemi izinin mai gida kafin ka fasa masa bango.

Kayan aiki ba yawa, diriksiyon biyu, waya mai kaurin 1.5 ta isa fitila a kan bireka mai amfiya 10, duk da nan da yawa 2.5 suke ja wa komai kuma ba laifi sai dai ta fi taurin lanƙwasawa a cikin ilba, yani akwatin makunni, sai susta ta jan waya, filaya, sukundireba mai rufin roba, shaɗarɗon kala biyu ko uku, da mita. Makunnin ka sayi mai ɗan nauyi a hannu wanda in ka danna kaji ƙas, akwai wasu masu arha da sukurinsu ke cinyewa tun ɗaurin farko, araha bata ado.

Haɗi na farko, shine wanda ake yi in gini sabo ne ko fayif a buɗe yake kana da yadda kake so. Mai wuta ta taso daga ɗablon ta shiga COM na makunnin farko, ita kaɗai. Daga L1 na farko ka ja waya zuwa L1 na biyu, daga L2 zuwa L2, waɗannan biyun ka yi su kala ɗaya da babu irinta a akwatin ko ka naɗa musu shaɗarɗon a duka bakin biyu dan gobe. Daga COM na makunni na biyu waya ta tafi ƙwai, mu raji' muke ce mata. Ɗaya ƙafar ƙwan kuma nutural ce kai tsaye daga ɗablon, bata biyawa ta kowane makunni, ko ta ratsa ta cikin akwatin wucewa kawai take bata shiga rami. Wayar ƙasa mai kore da rawaya ta bi su duka ta kama jikin ilba in na ƙarfe ne da jikin fitilar. Shikenan fa. A gidan layi biyu, inda na ce nutural ka karanta layi na biyu, haɗin bai canza ba, haɗarin ne ya ƙaru.

Sai dai yawancin aikin da ake kiranmu ba sabon gini bane, irin na Hajiya ne, makunni ɗaya yana nan yana aiki ana son a ƙara masa ɗan uwa. In ka buɗe zaka tarar da waya biyu a jikinsa, mai kawo wuta da mai tafiya ƙwai, dukansu a akwati ɗaya. In zaka bi haɗin farko sai ka nemo yadda raji' zata tashi daga sabon wajen zuwa ƙwan, wani lokacin sai an fasa silin. Toh akwai hanya ta biyu da Turawan Ingila suka fi yi, ni ita na fi so a gyara. Ka ɗauki hoton yadda wayoyin suke kafin ka kwance komai, ka cire tsohon makunnin ka sa diriksiyon a wajensa, mai wutar ka sa ta a L1, mai tafiya ƙwai ka sa ta a L2, COM ka barshi tukuna. Sai ka ja waya UKU zuwa sabon wajen, COM zuwa COM, L1 zuwa L1, L2 zuwa L2. Kaga a makunnin farko L1 zai ɗauki waya biyu L2 ma biyu COM ɗaya, a na biyun kowane rami waya ɗaya. Ka bi ta da yatsa ka gani, in na farko yana kan L1 na biyu yana kan L2, wuta ta shiga L1 ta fita COM ta tafi COM na can ta faɗa L2 ta dawo ta samu wayar ƙwai, ya kama. In dukansu suna gefe ɗaya ba hanya, ya mutu. Baka taɓa silin ba baka taɓa fitilar ba, waya ɗaya kawai ka ƙara a kan lissafi.

Jan wayar shine aikin gaske ba haɗin ba. In Allah ya taimake ka akwai fayif tsakanin wuraren biyu ko ta cikin gassam, akwatin mahaɗar wayoyi, ka tura susta, ka ɗaure wayoyin a bakinta ba duka a waje ɗaya ba, ka jera su ɗaya na bayan ɗaya dan kar kan yai ƙato, ka naɗe da shaɗarɗon sumul, mutum ɗaya na ja ɗaya na turawa. Kar ka yi ta fizga da ƙarfi in ta cije, fatar wayar zaka yage a cikin bango inda ido baya gani. A gidan Hajiya babu fayif ko ɗaya da ya hau sama, bangon kuma dutse ne da siminti tun na zamanin da, sai taranki na bi da shi ta gefen matakala, farin kwarkwaron roban nan mai murfi da ake mannawa a bango, bai yi muni ba.

Wajen ɗaurewa, ka feƙe kamar santi ɗaya, jan ƙarfen ya shige ramin duka kar a ga ko ɗan ƙyallinsa a waje, kuma kar sukurin ya danne fata maimakon ƙarfe. Ka ɗaure ka ja wayar da hannu, in ta motsa sake. Rabin makunnan da nake tararwa sun yi baƙi sun narke ba lodi ne yai musu yawa ba, sako-sako aka bar su.

In rubutun bayan makunnin ya goge, ko irin kayan nan ne da alamarsu sai mai ita, kar ka yarda da matsayin ramin wai na sama shine COM, kowane kamfani da inda yake sa nasa. Ka cire shi a hannu ba waya ko ɗaya, ka sa mita a wajen ƙara, inda take yin ƙara in ramuka biyu na haɗe, ka taɓa ramuka biyu-biyu kana dannawa. Ramin da yake ƙara da wannan in ka danna sama, yake ƙara da wancan in ka danna ƙasa, shine COM. Biyun da basa taɓa yin ƙara a tsakaninsu ko ya ka danna sune L1 da L2. Minti ɗaya ne, kuma ya fi awa ɗaya na hawa da sauka.

Yanzu waje uku. Misali gida mai hawa biyu da suɗuh yani saman rufi, ko dogon mamar yani lungun cikin gida mai ƙofa uku, ko ɗakin kwana da ake son ɗaya a bakin ƙofa ɗaya a kowane gefen gado. Ƙa'idar bata canzawa, diriksiyon biyu ne kullum, ɗaya a farko ɗaya a ƙarshe, duk abun da ya shiga tsakani mai rami huɗu ne. Waje uku na tsakiya ɗaya, waje biyar na tsakiya uku. Shi aikinsa a misalinmu na ɗazu kamar a ce a Bahra an yi wata mahaɗa ce, in an danna ta haka kowa ya miƙe a hanyarsa, in an danna ta haka na tsohuwar hanya ya koma sari' na sari' ya koma tsohuwa. Dan haka hanyoyin nan biyu kawai zaka yanka, biyun da suka zo daga makunnin farko su shiga ramuka biyu na shiga, biyun da zasu wuce gaba su fita ta ramuka biyu na fita. In haɗin waya uku kayi, ta COM bata shiga cikinsa sam, ka haɗa ta da kanekta ta wuce abunta.

Inda ake faɗawa rami anan shine gane waɗanne biyu ne 'yan gefe ɗaya. Wani kamfanin na shiga suna sama na fita suna ƙasa, wani kuma dama da hagu ne, rubutun ma wani L1 L2 L3 L4 wani kibiyoyi kawai. Mita dai. Ramuka biyun da basa ƙara a tsakaninsu ko ka danna sama ko ƙasa, su ne 'yan gefe ɗaya, su zaka ba wayoyin da suka zo daga waje ɗaya. In ka kuskure ka raba su zakaga fitila na aiki a wani dannin a wani kuma duk makunnan sun zama kurame.

Amma gaskiya in imara ce, yani dogon bene, mai hawa huɗu biyar zuwa sama ni bana ba da shawarar jera na tsakiya, waya ta yi yawa kuma ranar da ɗaya ya lalace sai ka bi su duka kana nema. Gara rile mai bugu, makunnin da wuta ke juyawa da an taɓa maɓalli, a cikin ɗablon, kowane hawa ka sa masa maɓalli irin na ƙararrawa duk a jere a kan waya biyu, ko wanne aka taɓa rilen ya juya, ko guda ashirin kake so ƙarawa kawai zakayi. Ko taima ta daraj wadda in an danna take kunnawa ta kashe da kanta bayan 'yan mintuna, ita ta fi dacewa da gidan haya inda kowa ke kunnawa ba mai kashewa. Kuma fitilar daraj a imara daga addadin khadamat, mitar hidimar gidan gaba ɗaya, ake ɗaukarta, kar ka ja daga shaggar wani, yani sashensa, dan ta fi kusa, ranar da fatura, takardar kuɗin wuta, ta zo za a ji ku har titi.

Wannan ma ya tuno min wani kuskure da ake yawan yi a matakala, a ɗauko mai wuta daga layin hawan ƙasa a ɗauko nutural daga layin hawan sama dan ita ce kusa da ƙwan. Fitila zata kama lafiya lau shi yasa mai yin yake ganin ya yi dabara. Amma in akwai bireka mai gane yoyon wuta zai dinga faɗuwa da an kunna, in babu kuma ka haɗa wa na bayanka tarko, zai kashe layin sama ya kwance nutural yana ganin ba komai wuta ta biyo ta cikin ƙwan ta same shi. Inda ka ɗauki ɗaya nan zaka ɗauki ɗayar.

Akwai kuma wani haɗin da zan faɗa dan ku gane shi in kun gani ba dan ku yi ba. Wasu dan tsumin waya sai su kawo mai wuta da nutural su sa a L1 da L2 na kowane makunni, sannan COM na wannan ya tafi ƙafar ƙwai ɗaya COM na wancan ya tafi ɗayar. Yana aiki, ƙwai na kamawa yana mutuwa daga ko ina. Sai dai a wani dannin ƙwan a mace yake alhali ƙafafunsa biyu duk wuta ce, ga kuma layi da nutural sun zauna a cikin makunni ɗaya tsakaninsu bai kai kaurin farce ba, ranar da ya tsufa sai dai kaji tau. A gidan 220 mai layi biyu abun ya fi muni. In ka buɗe diriksiyon ka auna tsakanin L1 da L2 ka samu cikakkiyar wuta ko ya aka danna ko ƙwan na kunne, ka zargi wannan, a warware shi a sake.

In ka gama ka mayar da wuta, kar ka danna sau ɗaya kace ya yi. Makunni biyu yanayi huɗu ne, uku kuma takwas, ka sa yaro a sama kai kana ƙasa ku bi su duka, kowane danni ɗaya daga ko ina dole fitila ta canza. In ka ga tana amsa makunnin sama ne kawai sai in na ƙasa yana wani gefe, toh ɗayan uku ne, ko ka sa wayar COM a ramin L, wannan shi yafi yawa, ko ɗaya daga hanyoyin ta zame daga raminta, ko mai shago ya haɗa ka da na kullum a kwalin diriksiyon. In bireka ke faɗuwa da ka danna, nutural ta shiga inda bai kamata ba ko ka yage waya a fayif ko sukurin murfi ya huda wata, ka kashe ka duba kar ka yi ta ɗaga shi.

Sai ƙorafin zamani, ƙwan LED da an kashe shi yana ɗan haske kamar garwashi ko yana ƙiftawa jefi-jefi cikin dare. Ba aljanu bane. Wayoyin nan da suka yi doguwar tafiya manne da juna a fayif ɗaya, mai wutar tana ɗan tsiyaya wa 'yar uwarta wani abu kaɗan, tsohon ƙwai mai zare ko a jikinsa, shi kuwa LED kaɗan ya ishe shi. Shi yasa ma tasta ke ɗan kamawa a wayar da ba komai, mita mai lamba ma ta nuna maka wasu 'yan bolt na ƙarya. Makunni mai ɗan jan haske a jiki shima yana jawo haka. Maganin ko ka canza ƙwan da mai kyau ko a sa ƙaramin kafasita da aka yi dan wannan aikin a tsakanin ƙafafun fitilar. Amma ka fara tabbatarwa ba nutural aka yanka a makunni aka bar mai wuta ta tafi ƙwai kai tsaye ba, in haka ne kafasita rufa-rufa ce, juya wayoyin zakayi. A gidan layi biyu kuwa dama ƙafa ɗaya kullum da wuta, sai dai a lallaɓa har ranar da za a mayar da gidan sabon tsari.

Masu son na zamani da ake kunnawa da wayar hannu, yawancinsu suna buƙatar nutural a cikin akwatin makunni, tsofaffin gidaje kuma babu, ka duba kafin ka saya. In kana sabon wayarin ka sauke nutural a kowane akwati ka rufe bakinta ka ajiye.

Na koma gidan Hajiya bayan kwana biyu karɓar ragowar kuɗina, ta ce aiki ya yi ɗan nan Allah ya yi albarka, amma makunninka na ƙasa bashi da alƙibla, jiya in na danna ƙasa yake kamawa yau kuma sai na danna sama. Na ce Hajiya haka yake, ya danganta da inda aka bar na saman. Ta ce toh ita dai tana so in ta ga duka biyun sun kalli waje ɗaya ta san a kashe yake. A haɗin waya uku dama haka yake fitowa in dai ba a kifa makunni ɗaya ba, a haɗin farko ne yake zuwa akasin haka, sai ka musanya L1 da L2 a makunni ɗaya kawai ya daidaita. Na duba nata, ashe ni ne na ɗaura na saman a kife. Na sauke bireka, na auna, na juya shi, jikan na ƙasa yana danna nasa yana ƙwala min kira ya kama, ya mutu, ya kama.